Ibro: Gandiroban Da Barkwanci Ya Kai Kurkuku

Daga Kano har Jimeta da Yola, inda Hausa ta zama harshen ciniki, an yi zamanin da da wuya a shiga shagon kaset ba a ga fuskar Rabilu Musa Ibro ba. An haife shi a Danlasan da ke ƙaramar hukumar Warawa a 1971, ya yi shekaru yana aikin gandiroba kafin ya ajiye kaki ya rungumi wasan kwaikwayo.

A lokacin da finafinan Hausa suka karkata ga soyayya, Ibro ya bi tasa hanyar: yakan fito a baƙauye ko matsoraci mai cika baki, talaka ya ga kansa ya yi dariya. Gadon 'yan kama ke nan, masu kwaikwayon malamai a dandali, su mayar da wa'azi zancen tuwo.

Sai dai dariyar ba ta zo masa a arha ba. A 2008 kotun tafi-da-gidanka mai shari'ar 'yan fim a Kano ta ɗaure shi wata 2 kan fim ɗin Ibro Aloko, bisa zargin rawar da ta saɓa wa tarbiyya. Mai riƙe da makulli jiya, shi aka kulle yau.

Ya fito ya ci gaba da sana'arsa har ya rasu a Disamba 2014. Tambayar da ɗaurinsa ya tayar ba ta bi shi kabari ba: wa ke shata wa mai barkwanci iyaka? A 2022 wata kotu a Kano ta sa an yi wa matasa 2 masu barkwanci a TikTok bulala saboda zolayar gwamna.