Tsohuwar da ta ƙi barin tsibirinta

A 1933 gwamnatin Shugaba Roosevelt ta Amurka ta kafa hukumar TVA domin gina madatsun ruwa a kwarin Kogin Tennessee, a shawo kan ambaliya, a kuma kai wa karkara wutar lantarki. A 1960 Elia Kazan ya fitar da fim mai suna Wild River, wanda ya dubi aikin ta ɓangaren waɗanda aka ce su kwashe nasu-ya-nasu.

An turo jami'in hukumar, Chuck Glover, ya lallashi Ella Garth, tsohuwa mai shekara 80, ta bar tsibirinta kafin a toshe ruwa. Maƙwabta duk sun karɓi diyya sun tashi, ita kuwa ta kafe. Mijinta ne ya sare dajin wurin, kabarinsa na kan tudu, kuma a nan take so a binne ta. Jo Van Fleet da ta fito a matsayin tsohuwar ba ta ma kai shekara 50 ba a lokacin, kwalliya ce da gwaninta.

Inda fim ɗin ya fi ratsa jiki shi ne sa'ad da ta kira Sam, baƙar fata da ke mata aikin gona, ta ce za ta sayi karensa, ko yana so ko ba ya so. Sam ya ƙi, ya ce ba mai tilasta masa sayar da abin da yake nasa. Jami'in na tsaye yana ji, saƙo kuwa ya isa.

Amma Kazan bai mai da Glover azzalumi ba. Da hotunan ambaliya na gaske aka buɗe fim ɗin, ruwa na cin gidaje da rayuka. Kowa da gaskiyarsa, shi ya sa kallon ke da nauyi. A ƙarshe hukuma ta fitar da tsohuwar, aka ba ta sabon gida, ba ta jima a ciki ba ta rasu. Aka cinna wa tsohon gidan wuta, ruwa ya shanye gonakin.

Wanda ya san abin da ya faru a madatsar ruwan Bakolori cikin Afrilun 1980, lokacin da 'yan sanda suka buɗe wuta kan manoman da ke neman diyyar gonakinsu, ba zai kalli wannan fim a matsayin labarin nesa ba. In ka same shi, ka kalla har ƙarshe.