Kyaftin Biyu, Ɗaya Na Sara Wa Ɗaya

In kyaftin na sojan ƙasa ya haɗu da kyaftin na sojan ruwa a ƙofar bariki, na ƙasan ne zai ƙame ya sara. Suna ɗaya suke amsawa, amma tsakaninsu akwai matakai uku.

A rundunar ƙasa ta Najeriya kyaftin ƙaramin hafsa ne mai anini uku a kafaɗa. Sai ya zama manjo, ya zama laftanar kanar, kafin ya kai kanar mai mikiya da anini biyu. To, wannan kanar ɗin shi ne tsaran kyaftin na ruwa, mai zare huɗu ruwan zinariya a hannun riga. Sojan sama ma suna da nasu a wannan matakin, Gurup Kyaftin. Tsarin gadon Ingila ne, inda tun da daɗewa aka ajiye mai riƙe da babban jirgin yaƙi a sahun kanar, don jirgi da igwoginsa da ɗaruruwan mutanen cikinsa amana ce da ta fi ƙarfin ƙaramin hafsa.

Mutanen Kano sun ga haka da idonsu a zamanin mulkin soja. Kujerar gwamna da Kanar Sani Bello ya bari a 1978, Gurup Kyaftin Ishaya Shekari ne ya hau ta, ba kuwa wanda ya ce an rage wa jihar daraja. Haka Legas ta samu Mike Akhigbe, kyaftin na ruwa, a 1986.

Sai dai girman muƙami daban, kusanci da bindiga daban. Kyaftin na ƙasa tare da kurata yake kwana a daji, ya san wanda aka riƙe wa alawus, ya san wanda takalminsa ya yage, su ma muryarsa suka sani. Thomas Sankara kyaftin ne lokacin da ya karɓi mulki a Wagadugu a 1983, yana da shekara 33. Ibrahim Traore, shi ma kyaftin, ya maimaita a birnin a 2022. Jerry Rawlings, da ya girgiza Ghana a 1979, muƙaminsa na sojan sama daidai yake da na mai anini uku. Shi kuwa kyaftin na ruwa, da furfurarsa da albashinsa mai tsoka, ƙarfinsa na kan teku, jirgin ruwa kuma ba ya isa gidan rediyo.

A ganina na ruwan ya fi girma a takarda da wurin fareti, na ƙasan ya fi kamata shugabanni su riƙa sauraron kokensa. Ku kuma masu karanta mana labarai da Hausa, in kun ce "Kyaftin wane", don Allah ku ƙara mana na ruwa ne ko na ƙasa.