Sha'awar Yaro da Ƙarfin Iyaye: Darasi daga Zaurukan Birnin Zazzau

Tun daga lokacin da Ma'aikatar Ilmi ta Tarayya ta bayyana sabuwar manhajar firamare da sakandare a wajen farkon watan Satumba na 2025, wadda a cikinta aka rage yawan darussa, aka maido da tarihin Nijeriya, aka kuma tsara ɗalibi ya zaɓi sana'a guda daga cikin shida, watau haɗa lantarki mai aiki da hasken rana, da ɗinki, da kiwo, da kwalliya, da gyaran kwamfuta da waya, da noman lambu, da wuya mutum ya zauna a wata majalisa a cikin birnin Zariya, daga Babban Dodo har Ƙofar Gayan, bai ji magidanta suna kokawa ba. Wani ya ce sabuwar hanyar karɓar kuɗi ce aka ɓullo da ita. Wani ya ce da wanne za a ji, da kuɗin makaranta, ko da na Islamiyya, ko da na cefane? Kukan nan yana bisa hanya, domin tun da aka janye tallafin man fetur a watan Mayu na 2023 babu gidan da bai ji a jikinsa ba, mafi ƙarancin albashi na Naira 70,000 da aka sa wa hannu a 2024 kuwa kowa ya san iyakar inda yake kaiwa. Amma a ƙarƙashin kukan akwai kuskuren fahimta iri biyu, kuma su ne dalilin wannan rubutu.

Jama'a ta farko, galibinsu ma'aikata da 'yan boko, sun ɗauka raya sha'awar yaro abu ne da ake saye, saboda haka uba zai ci bashi ya sa ɗansa darasin yamma, da na kwamfuta ranar Asabar, da na musabaƙa ranar Lahadi, yana jigila a kan babur har ƙarfinsa ya ƙare. Jama'a ta biyu kuwa suna ganin duk abin da yaro ya sa hannu a kai, in ba allo ko littafi ba ne, wasan banza ne, maganinsa tsawa ko bulala. Malaman da muke taƙama da su ba su tafi a kan ko ɗaya daga cikin biyun nan ba. Imam Gazali, wanda ya rasu a 1111, ya yi nasiha a cikin Ihya'u cewa a bar yaro ya yi wasa bayan an tashi daga makaranta, don hana shi wasa yana dusashe basirarsa har ya tsani karatun. Ibnul Ƙayyim, wanda ya rasu a 1350, ya ƙara a cikin Tuhfatul Maudud da cewa ya kamata uba ya lura da abin da ɗabi'ar ɗansa ta karkata gare shi, ko ilmi, ko hawan doki, ko sana'ar hannu, ya sake masa hanya zuwa can bayan ya sanar da shi abin da addini ya wajabta. Kuma duk ɗalibin hadisi ya san labarin Abu Umairu, ƙanen Anas ɗan Malik, wanda yake da ɗan tsuntsun da yake wasa da shi, har Manzon Allah, tsira da aminci su tabbata a gare shi, yakan tambaye shi labarin tsuntsun. Wanda ya rushe wa ɗansa akurkin tantabaru saboda ganin lalacewa ce, ya kamata ya sake tunani.

To, amma abin da ya fi damuna, wanda kuma ban ji ana ambatonsa ba a duk wannan muhawara, shi ne cewa birnin nan ya riga ya warware wannan mas'ala tun kafin a san wani abu wai shi manhaja. A zamanin Sarkin Zazzau Abdulkarimu, wanda ya yi sarauta daga 1834 zuwa 1846, Malam Mika'ilu Babban Gwani ya gina Masallacin Juma'a na ƙofar fada da tubali da azara, ya ɗaura bakan gizo da ɗaurin guga waɗanda masana gine-gine daga ƙasashen Turai suka riƙa zuwa suna aunawa suna rubuta littattafai a kansu, har yau kuma akwai unguwa a cikin birni mai ɗauke da sunansa. Irin wannan gwaninta ba a aji aka koye ta ba. Yaro ne yake fara bin magina yana miƙa ƙasa, a ga hannunsa ya faɗa, a ba shi yaɓe, a ga idonsa yana gane karkata, a hau da shi sama, har ranar da za a ce masa ya ja ragamar aiki. Da wani sashe na masallacin ya rufta a watan Agusta na 2023, Allah ya jiƙan waɗanda suka rasu a ciki, tambayar da ta kamata mu yi wa kanmu bayan ta'aziyya ita ce, yara nawa muka bari suka bi magina a cikin shekarun da suka wuce?

Haka al'amarin yake a ɗinkin hannu, wanda da shi aka san Zariya a kasuwannin ƙasar Hausa da wajenta. Yaro ya taso daga makarantar allo da hantsi, ya zauna a zauren maƙwabci, aikinsa na fari zura zare a allura da riƙe bakin ƙyalle. In an ga yana da natsuwa, sai a ba shi hula, daga nan linzami, sannan a zana masa aska biyu ya cike, kafin a amince masa da aska takwas da tambari a kan rigar da basarake zai sa ranar hawan salla. Ubansa bai biya ko anini ba, mai zauren ma shi yake ba yaron ɗan abin kashewa, ga shi kuma ranar Alhamis da Juma'a babu karatun allo, yaro yana da sararin langa da dara da kiwon zomo. In watan azumi ya kwana goma, sai yara su fita tashe, su ƙaga sutura da raha da kansu, ba tare da wani babba ya tsara musu ba.

A ɓangaren mata kuwa muna da shaidar Baba ta Karo, tsohuwar da Mary Smith ta rubuta tarihin rayuwarta a ƙasar Zazzau tsakanin 1949 da 1950, aka buga shi a 1954. Baba ba ta taɓa haihuwa ba, amma ta riƙe 'ya'yan dangi ta aurar da su, domin a wancan zamani riƙo da tallafi al'ada ce mai ƙarfi, goggo da inna da kaka da kishiyar uwa kowa yana da rabonsa a cikin tarbiyya. Ba na cewa zamanin nan ba shi da aibi. An tilasta wa yara da yawa sana'ar gado ba da son ransu ba, an kuma wahalar da 'yan mata da talla. Sai dai hikimar da ke ciki a fili take: hannu ɗaya ba ya ɗaukar jinka, kuma ba a taɓa ɗora wa mutum biyu kaɗai nauyin gano baiwar yaro da raya ta ba.

Yau fa? Ma'aikaci ya bar gidan gado ya kama haya a Tudun Wada ko Samaru, ya ja ƙyaure ya rufe, babu kaka, babu goggo, matarsa ita ce mai girki, ita ce mai wanki, ita ce malamar aikin gida, sau da yawa kuma da goyo a baya da ɗan ɗinki ko ƙulle-ƙullen sayarwa a hannu. Idan dare ya yi, yaro ya zo da motar da ya ƙera, wadda ya fere kara ya raba ɓawo da totuwa ya yi mata gangar jiki, ya yanko tsohon silifa ya yi mata tayoyi, ya huda gwangwanin madara ya yi mata fitila, yana ɗokin a duba, sai ya tarar da uwa ta gaji uba ya gaji, abin da zai samu shi ne a ce ya kwashe tarkacensa. Iyayen nan suna ƙaunarsa. Gajiya ce ta cinye musu haƙuri. Shari'a kuwa ba ta nemi kowa ya hallaka kansa don ɗansa ba. Aya ta 233 a Suratul Baƙara ta ɗaure ciyarwa da gwargwadon iko, ta kuma hana a cutar da uwa ko uba ta dalilin abin da suka haifa, kuma ƙissar Salmanul Farisi da Abud Darda'i da ke cikin Buhari ta tabbatar da cewa jiki da iyali suna da hakki a kan mutum ko da ibada ce ta shagaltar da shi, balle jigilar darussan da yaro bai ma nema ba.

Saboda haka ina kira ga iyaye da su sassauta wa kansu. A zuba wa yaro ido na wani lokaci a ga abin da yake komawa gare shi ba tare da an aike shi ba, a zaɓi abu guda, a nemi amintaccen mai sana'a a unguwa wanda aka san halinsa, a damƙa masa shi na 'yan sa'o'i a mako, ana bibiya ana tambaya. Maƙwabta su yi karɓa-karɓa wajen kai yara da ɗauko su. Maigida ya sani cewa barcin rana na sa'a guda da matarsa za ta samu, da ziyarar da za ta kai gidansu, suna cikin maslahar 'ya'yansa, kuma shi ma zamansa a majalisa bayan la'asar ba laifi ba ne muddin ya ba gida hakkinsa.

Hukumomin ilmi na Jihar Kaduna da na Ƙaramar Hukumar Zariya kuwa, kada su bari darasin sana'a ya zama rubutu a allo da jerin kayan da za a aiko wa uba ya saya. Ga maɗinka da magina da maƙera da dukawa a cikin ganuwa, da yawansu sun tsufa babu magaji. A ƙidaya su unguwa-unguwa ta hannun masu unguwanni da Majalisar Masarautar Zazzau, a haɗa kowace makaranta da zaurukan da ke kusa da ita, a ba gwanayen ɗan alawus, a sa malami ya riƙa duba lafiyar yaran da tarbiyyarsu. Makaranta irin Alhudahuda, wadda ta haura shekara ɗari a cikin birnin nan, ita ta fi cancanta ta fara gwada wannan. Kowace shekara da aka yi jinkiri, akwai gwanin da za a kai makwancinsa da iliminsa, kuma alhakin wannan hasara yana wuyan waɗanda aka ba amanar ilmin 'ya'yan jama'a. Allah ya ba su ikon sauke ta, mu kuma ya shirya mana zuriya.