Daga gidan yari zuwa rawani: Yadda waƙar Aminu Ala ta sauya

A ƙauyukan Bichi da Ɗambatta, inda gona ke manne da gona, ba abin mamaki ba ne a ji muryar Aminu Ladan Abubakar, wato Alan Waƙa, tana tashi daga wayar manomi yana tsakar noma. Sai dai Alan da matasa suka sani yau ya sha bamban da wanda yayyensu suka fara ji.

An haifi Ala a unguwar Yakasai ta birnin Kano a 1973. Da rubutun littattafan hikaya ya fara, irin su Baƙar Aniya, kafin ya koma waƙa. Har yanzu rubuta baitocinsa yake yi, da amsa-amo da tsohuwar Hausa, sannan ya ɗora su a kan kiɗan zamani.

Waƙoƙin da suka fara ɗaga shi na koken talaka ne. Baubawan Burmi ta taɓo shugabanni, amma ba ta ƙyale masu zaɓensu ba. A 2009, lokacin da rikici ya yi zafi tsakanin mawaƙa da Hukumar Tace Finafinai ta Kano, kotu ta haramta waƙarsa Hasbunallahu, aka kama shi, har ya kwana a gidan yari.

Daga baya fada ta ƙara samun fili a waƙoƙinsa. Bakan Dabo, wadda ya yi wa marigayi Sarkin Kano Ado Bayero, ta nuna inda ya dosa: tarihin sarauta, salsalar gidaje da kirari. Masarautar Bichi, wadda aka ƙirƙiro a 2019, ta ba shi sarautar Ɗan Amana. Gwamnatin Kano ta rushe masarautar a 2024.

A nan masu sauraro suka rabu. Wasu na ganin rawani ya sanyaya harshen da ya taɓa yi wa talaka magana. Wasu kuma na cewa ya gaji aikin su Narambaɗa ne, yana adana tarihi da kalmomin da yaran yau ba sa ji a gida.

Ga manomin da taki ya gagare shi saya, muhawarar ba ta ado ba ce. Abin da yake tambaya shi ne, in aka sake matsa masa, wa zai rera kukansa?