Victor Miller: marubucin da ya ƙwato labarinsa bayan shekara 41

Duk mai kallon finafinan ban tsoro ya san Jason, makashin nan mai rufe fuska. Kaɗan ne suka san Victor Miller, Ba'amurken da ya rubuta fim ɗin farko, Friday the 13th, wanda ya fito a 1980.

An kashe kimanin dala dubu 550 wajen shirya fim ɗin, ya tara kusan dala miliyan 40 a Amurka kaɗai. A rubutun Miller ba Jason ke kisa ba. Mahaifiyarsa ce ke ɗaukar fansar ɗanta da ya nutse a tafki saboda sakacin masu kula da yara. Waɗanda suka ci gaba da fim ɗin ne suka mayar da Jason makashi, suka sa masa abin rufe fuskar a kashi na uku, a 1982.

Miller ya koma rubuta wasannin talabijin masu dogon zango, har ya ci kyautar Emmy.

Dokar Amurka ta ba marubuci damar karɓe haƙƙin aikinsa bayan shekara 35, muddin ba a matsayin ma'aikacin kamfani ya rubuta ba. A 2016 Miller ya nemi nasa. Kamfanin ya garzaya kotu, yana cewa ai ɗaukarsa aiki aka yi. Alƙali ya ba Miller gaskiya a 2018, kotun ɗaukaka ƙara ta tabbatar a 2021.

Sai dai nasarar tana da iyaka: haƙƙin labarin farko kawai ya samu, kuma a cikin Amurka.