Inuwar Ƙofar Gida a Lafiya da Shukar da Ta Dace da Ita

Duk wanda ya zaga unguwannin Lafiya, garin da Barebari suka kafa a ƙarƙashin Muhammadu Dunama, garin da kuma ya zama hedikwatar Jihar Nasarawa a shekarar 1996, zai ga mangwaro da darbejiya sun yi wa ƙofofin gidaje rumfa, amma idan ya sunkuya ya dubi gindinsu, sai ya tarar da ƙasa ta ƙeƙashe, saiwoyi sun fito fili, babu ko tsiron ciyawa. Idan ka tambayi maigida dalili, zai ce maka ai ba abin da ke fitowa a inuwa. Wannan magana, a ganina, rabin gaskiya ce.

Haƙiƙa tsiro yana buƙatar hasken rana domin ya sarrafa abincinsa a cikin ganye, amma Allah cikin hikimarSa bai daidaita buƙatar tsirrai ba, domin akwai waɗanda asalinsu a ƙarƙashin manyan itatuwa suke rayuwa. Abin da ya fi cutar da shuka a gindin mangwaro shi ne ƙishirwa, saboda saiwoyin bishiyar suna riga ta shanye laimar ƙasa, musamman daga watan Nuwamba zuwa Maris lokacin da ruwa ya ɗauke. Sa'an nan ga sharar da ake yi kullum da sassafe, wadda ko da yake tsabta ce abar yabo, tana kwashe busasshen ganyen da zai ruɓe ya zama taki, har ta bar ƙasa tsirara, marka ta zo ta zaizaye ta.

Saboda haka gyara yana farawa ne daga ƙasa. A bar wurin tabarma da hanyar shiga zaure a share, a keɓe gefe guda, nesa kaɗan da kututture, a kewaye shi da duwatsu, a zuba baƙar ƙasa da ruɓaɓɓen takin gida, sa'an nan a riƙa tara ganyen da aka share a kai. Kada a kai tarin ganyen jikin bango, saboda gara. Idan duhun ya yi yawa, a rage ƙananan rassa har haske ya riƙa ratsowa da hantsi.

Game da abin da za a shuka, gwaza ta fi cancantar a fara ambatonta, domin faffaɗan ganyenta yana wadatuwa da ɗan hasken da ya samu. Citta, wadda manoman Kachiya da Kwoi suka shahara da ita, tana jure inuwa, haka ma kurkum. Ana binne su da faɗuwar damina a wajen Afrilu ko Mayu, a tono su idan ganyen ya bushe. To, a nan ne mutane da yawa suke karaya, domin da zarar hunturu ya shigo, waɗannan ukun sukan kwanta, wuri ya koma kamar ba a taɓa shuka komai ba. Maganin wannan shi ne moda, wadda magabata suke fitar da zare daga gare ta: ganyenta mai kauri yana riƙe ruwa, yana nan tsaye kore shar rani da damina, kuma ba ta damu da inuwa ba. Idan aka jera ta a baya, aka dasa shuwaka a gefen da rana take ɗan taɓawa, aka ajiye na'ana'a a tsohuwar tukunya kusa da inda ake alwala, ruwan butar nan da ke zuba sau biyar a yini ya ishe ta ratsa rani. Zogale da lalle kuwa 'yan rana ne, a nema musu sarari. Tilas ne kuma a yi ɗan shinge, domin awakin unguwa ba sa raga wa ɗanyen ganye da rani.

Lafiya gari ne na ilimin noma, ga Kwalejin Aikin Gona, ga kuma tsangayar noma ta Jami'ar Jihar Nasarawa da ke Shabu. Ina roƙon malamansu da ɗalibansu su riƙa renon irin waɗannan tsirrai suna sayarwa da rahusa, su kuma magidanta, kafin ruwan farko ya sauka, su fara tara ganyen ƙofar gidansu maimakon cinna masa wuta.