Kamfani ya ce zai rage hayaƙi: tambayoyi uku kafin ka yarda

Mai karatu, idan kana yawan leƙa intanet, na san ka sha cin karo da tallar wani katafaren kamfani yana alƙawarin daina gurɓata iska nan da 2050. To amma ta yaya za ka bambance mai gaskiya da mai cika baki?

Akwai ma'auni. A 2015 ƙasashen duniya suka amince a Paris cewa za su yi ƙoƙarin kada ɗumamar duniya ta wuce maki 1.5 a ma'aunin Salshiyos. A 2018 kwamitin masana yanayi na Majalisar Ɗinkin Duniya, IPCC, ya ce cimma wannan sai an rage iskar kabon da kusan kashi 45 cikin ɗari nan da 2030, idan aka kwatanta da 2010. Daga irin wannan lissafi ne shirin SBTi, wanda ƙungiyoyin CDP, WRI, WWF da UN Global Compact suka kafa a 2015, yake auna alƙawarin kowane kamfani, ya ga ko ya yi daidai da abin da kimiyya ta ce ko kuwa ado ne kawai.

Tambaya ta farko: daga wace shekara ake ƙirga ragin, kuma me za a yi kafin 2030? Alƙawarin 2050 sauƙi ne da shi, domin shugaban da ya ɗauke shi ya daɗe da barin kujera kafin lokacin.

Ta biyu: wane hayaƙin ake nufi? Kashi uku ne. Akwai na injinan kamfanin da motocinsa, akwai na wutar lantarkin da yake saya, sai kuma na masu kawo masa kaya da masu amfani da hajarsa. Na ukun nan shi ne yawanci ya fi yawa. Kamfanin mai na iya sa sola a ofisoshinsa, alhali fetur ɗin da ya sayar yana ƙonewa a tituna.

Ta uku: ragewa yake yi ko biya? A ƙa'idar da SBTi ta fitar a 2021, yawancin kamfanoni sai sun rage kusan kashi 90 da kansu. Ɗan abin da ya saura ne kawai za a shafe ta hanyar janye kabon daga iska.

Abin ba wasa ba ne. A Maris 2024 SBTi ta cire alƙawuran kamfanoni sama da 200, har da Microsoft da Unilever da Walmart, saboda ba su gabatar da cikakkun manufofinsu a kan lokaci ba. A shekarar ce Google ya bayyana cewa hayaƙinsa ya ƙaru da kashi 48 tun 2019, musamman saboda wutar da cibiyoyin adana bayanai ke sha. Ita kanta SBTi ta sha suka daga ma'aikatanta a Afrilun 2024, da hukumar gudanarwarta ta nuna za ta sassauta kan sayen takardun diyyar kabon.

Wataƙila ka ce ina ruwana. Najeriya ta yi alƙawarin daidaita hayaƙinta nan da 2060 a taron Glasgow na 2021, kuma ba za ta kai ba sai da kamfanonin siminti, na mai da na sadarwa. Mu da muke 'yan shekara ashirin yau, mu ne za mu ga ranar. Don haka gobe idan ka ga irin tallar nan, nemo rahoton kamfanin na shekara, ka duba lambobin da idonka.